Jean Rouch: dokumentari ya yi ko wasan kwaikwayo?

Ummi_Edita:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Jiya da dare na kalli wani tsohon fim mai suna Jaguar na Bafaranshen nan Jean Rouch, saboda malaminmu ya ce duk mai son aikin dokumentari sai ya san mutumin. Samari uku ne suka tashi daga Nijar suka tafi Gana cin rani, suka sha faɗi-tashi, suka dawo gida da tsaraba. Na ji daɗinsa har ina dariya ni kaɗai cikin ɗaki. To da safe na bincika, ashe ba a hanya ya gamu da su ba. Abokansa ne, tare suka ƙulla tafiyar don a yi fim. Surutun da ake ji kuma ba a wurin aka ɗauke shi ba, daga baya suka zauna suna kallon hoton suna magana a kai. Don Allah wannan ba wasan kwaikwayo ba ne? Da me ya bambanta da abin da ake yi a Kannywood, da har ake ce masa gwanin dokumentari?

Baban_Sadiq:
Wa alaikumus salam. Haka abin yake ai. In namu ya yi a ce ƙarya ce, in Bature ya yi a raɗa mata suna a koyar da ita a jami'a.

Kyamara_Zazzau:
Ummi, bari in fara da maganar murya don ita ce mai sauƙi. An ɗauki Jaguar tsakanin 1954 da 1955, bai fito ba sai 1967. Kyamarar da ke hannunsa lokacin Bell & Howell ce ta 16mm, wadda ake wanawa kamar agogon bango. In ka wana ta, daƙiƙa ashirin da 'yan kai take yi ta tsaya, ga ƙara kamar keken ɗinki, kuma ba ta ɗaukar murya. Ko ya so ko ya ƙi, murya daga baya za a ɗora ta.

Abin da aka saba a zamanin shi ne a samo wani mai murya irin ta karanta labarai ya yi ta zuba: ga mutanen Afirka suna kaza, ga su suna kaza. Shi Rouch fim ɗinsa na farko ma haka aka yi masa a 1947, kamfanin da ya saya ya yanka yadda ya ga dama ya ɗora irin wannan bayani. A Jaguar sai ya miƙa wa biyu daga cikin samarin, Damouré Zika da Lam, makirufo su faɗi abin da ya zo bakinsu. Shi ya sa kike jin suna tsokanar juna, suna yaba 'yan mata, suna gardamar wa ya fi wahala. Ni wannan surutun ya fi mini bayanin wancan mai muryar sau goma.

Ummi_Edita:
Ta murya na yarda, malam. Tafiyar fa? Ai da ba don fim ba, ba za su je ba.

Ɗan_Gamkalle:
Salamu alaikum. Ni ɗan Yamai ne, bari in sa baki. Da fari dai sunan "Rush" ake faɗinsa, na ji wasu na cewa "Roc".

Mutumin ga asalinsa ba ɗan sinima ba ne, injiniyan hanya da gada ne. An haife shi a Faris a 1917, ya zo Yamai a 1941 ana tsakiyar yaƙin duniya na biyu, aka haɗa shi da leburorin aikin tilas yana gina hanya. Nan ya san Damouré, yaro ɗan gidan Sorko masunta. A 1942 tsawa ta faɗa wa leburorinsa ta kashe goma. Damouré ya ce wannan aikin Dongo ne, iskan tsawa na Zabarmawa, ya kai shi wurin kakarsa Kalia, ita ta yi abin da suke yi in hakan ta faru. Abin da ya gani ranar shi ya raba shi da aikin hanya.

Bayan yaƙi ya komo da abokai biyu, daga 1946 zuwa 1947 suka bi kogin Kwara cikin kwalekwale tun daga mafarinsa a Gini har bakin teku. A tafiyar nan ya rasa ƙafar kyamararsa, sai ya ci gaba da ɗauka a hannu, abin da gwanayen lokacin suke gani aikin 'yan koyo. Daga nan har mutuwarsa yana tare da Damouré, shekara sittin da wani abu. Hajiya Ummi, mutanen da suka yi shekara sittin tare, in sun yi fim, da wuya ki raba wa ya shirya ma wa.

Zango_Kumasi:
'Yar uwa, su ukun nan ƙila da ba su zo ba, amma dubbai sun zo. Kakana na wajen uwa daga arewa ya sauko a irin waɗannan shekarun, ya yi kayakaya a kasuwa kafin ya samu tebur nasa. Da na ga wurin da Damouré ya samu aiki a wajen katako har ya zama shugaban leburori, ya sa baƙin tabarau yana taƙama a titi da sigari a baki, wallahi hotunan tsoffinmu na zango na tuna. Haka suke ɗaukar hoto su aika gida, a ce yaro ya zama wani abu a kurmi. Wanda ya zo da riga ɗaya ba ya aika hoton riga ɗayar.

Malama_Tarihi:
Ƙari kan maganar Zango_Kumasi: Rouch ba yawon fim kaɗai ya je yi ba, binciken 'yan cin rani daga Nijar zuwa Gana yake yi a lokacin, har ya wallafa shi a 1956. Jaguar daga gefen wannan binciken ya fito.

Amma na ga kun kama fim mai daɗin kallo kuna yabo. Ku je ku kalli Les Maîtres fous na 1955, sannan mu yi magana. A bayan garin Akara ya ɗauke shi, cikin 'yan ƙungiyar Hauka, 'yan cin rani daga Nijar. Iskokin da suke hawan su na masu mulkin mallaka ne: gwamna, janar, kofur, matar likita, direban jirgin ƙasa. Za ka ga mutum ido ya juye, kumfa na zuba a baki, ana yanka kare ana ci. Da aka fara nuna shi a gidan tarihin Musée de l'Homme a Faris, malaminsa Marcel Griaule cewa ya yi a lalata shi, ɗaliban Afirka da ke zauren su ma ransu ya ɓaci, Ingilishi kuma suka hana nuna shi a Gana. Duk da haka ya ci kyauta a bikin fina-finai na Benis, a Italiya, a 1957. Bature ya shiga sinima ya ga baƙar fata da kumfa a baki, me kuke tsammani ya tafi da shi gida? Ousmane Sembène, mai shirya fim ɗan Senegal, ya gaya wa Rouch a gaban idonsa a 1965 cewa irinsu suna kallon mu kamar ƙwari. Ni har yau ban ga wanda ya ba Sembène amsar da ta gamsar da ni ba.

Abu_Maryam:
Subhanallah. Wato duk surutun nan a kan mai ɗaukar bori ake yi? Jama'a mu ji tsoron Allah. Me Musulmi zai ƙaru da shi a kallon masu cin kare?

Ɗan_Gamkalle:
Malam Abu_Maryam, ba wanda ya ce ka shiga. Amma tarihin ƙasarmu ne. Abin ya ɓullo ne a wajen Filinge a 1925, kuma hukumar Faransa ta kama su ta ɗaure, don ta gane da ita ake. Sunan ma Hausa ne, hauka dai da ka sani. A Arewa wajen Dogon Dutsi ana ce musu Babule.

Kyamara_Zazzau:
Malama, ba zan ce fim ɗin bai da nauyin kallo ba, ni ma sai da na kau da kai. Amma akwai yanka guda da ya kamata duk edita ya gani. An fasa ƙwai a kan gunkin gwamna, ruwan ƙwai fari da rawaya yana gangarowa. Nan take ya yanke zuwa gwamnan Ingilishi na gaskiya a wurin fareti, da gashin tsuntsu yana zubowa daga hularsa. Wa aka mayar abin dariya a nan? Sannan a ƙarshe ya koma washegari ya nuna mutanen nan a wurin aikinsu, lafiya ƙalau suna murmushi, wasu na haƙar rami a gaban asibitin mahaukata.

Malama_Tarihi:
Na san yankan, kuma ba na ƙin cewa gwani ne. Sai dai fim ɗin kusan rabin awa ne, ƙwan nan daƙiƙu ne. Abin da ke maƙalewa a ƙwaƙwalwa shi ne kumfar. Kuma a nan muryar wa ke bayani daga farko har ƙarshe? Tasa. Bai miƙa wa kowa makirufo ba.

Abu_Maryam:
Ni dai na faɗi tawa.

Mai_Kula_da_Zaure:
An ji, Allah ya saka da alheri. Jama'a tambayar Ummi a kan aikin fim take. Mai son muhawarar hukuncin bori ya buɗe nasa zaren.

Sarkin_Ruwa_Yawuri:
Ni ba ɗan fim ba ne, ɗan masunta ne, labari ɗaya nasa ne ya sa na riƙe sunansa. Ya ɗauki farautar dorina da Sorkawan Ayoru suka yi, ya kai Faransa ya haɗa, ya sa kiɗa a wurin da ake bin dorinar don abin ya yi armashi. A 1954 ya dawo da fim ɗin, aka kafa farin ƙyalle da dare aka haska musu. Da suka gama kallo suka ce kiɗan nan kuskure ne: dorina tana ji a ƙarƙashin ruwa, kiɗa ƙarfin zuciya zai ba ta, farauta shiru ake yin ta. Sai ya cire kiɗan.

Duk wanda ya taɓa shiga jirgi da masu wannan aiki ya san gaskiya suka faɗa, ko tari ba ka yi. Abin da ya burge ni shi ne mai digiri ya ji gyaran masunta ya ɗauka.

Baban_Sadiq:
To madalla, ya cire kiɗa. Kuɗin fa, ya raba da su? Sunan wa ke kan fim? Wa ake kira Benis a ba shi kyauta?

Ɗan_Gamkalle:
Baban_Sadiq, tambayarka tana kan hanya, amma ka ji wannan. Cocorico Monsieur Poulet na 1974, sunan da aka rubuta a matsayin mai fim shi ne Dalarouta: Damouré, Lam, Rouch, Tallou, aka ɗebi farkon sunan kowa. Labarin masu sayen kaji ne a ƙauye da wata ruɓaɓɓiyar Citroën, sau uku suna ƙetare kogi da ita. Tsoffinmu na Yamai har yau in an ambace shi sai sun yi dariya.

Sannan Oumarou Ganda. Rouch ya same shi a Abijan yana dako, tsohon sojan da ya yi yaƙin Indocin, ya sa shi a Moi, un noir na 1958, inda yake kiran kansa da sunan wani ɗan wasan Amurka yana ba da labarin rayuwarsa a unguwar Treichville. Ganda ya komo gida ya zama mai fim da kansa. Cabascabo nasa ne, labarin sojan da ya dawo daga Indocin, ya ba da shi da bakinsa ba ta hannun kowa ba. Kuma shi ya fara cin babbar kyautar FESPACO, bikin fina-finan Afirka, a Wagadugu a 1972. Moustapha Alassane, wani mai fim ɗan Nijar, shi ma ta wurin Rouch ya samu ƙofa.

Malama_Tarihi:
Duk gaskiya ne. Ka ƙara da cewa a 2024 hukumomin Nijar sun cire sunan Rouch daga gidan al'adun nan na Yamai suka sa na Moustapha Alassane. Kowa ya fassara yadda ya so.

Ɗan_Gamkalle:
Hajiya, wannan rigimar da Faransa ake, ba da gawa ba. Kuma wanda aka sa sunansa abokinsa ne.

Bilkin_Biki:
Ku bar ni in kawo nawa ɗan ƙaramin misali, ni mai ɗaukar biki ce da ɗan aikin ƙungiyoyi. Bara wata ƙungiya ta ɗauke ni mu yi bidiyon rijiyar burtsatse a wani ƙauye. Da muka isa, matan sun ji za a ɗauke su, kowa ta yi wanka ta sha atamfa da jan baki. Jami'in da ya kai mu ya ce ina, su koma su sa tsofaffin zannuwa, yara su cire takalma, ai masu ba da kuɗi ba za su ji tausayi ba. Wata tsohuwa ta dube shi ta ce, "Ɗan nan, talauci ne da mu ba ƙazanta ba." Haka dai aka ɗauka yadda yake so, ni ma ina da hayar gida a wuya. Wannan bidiyon sunansa dokumentari, ba wanda ya taɓa ce masa wasan kwaikwayo.

Wata rana kuma ina ɗaukar wata mai ƙosai don aikin kaina, ta ce in dakata, ba haka take juya ƙullu ba in ba a kallonta, bari ta sake yi mini yadda take yi da asuba. Duka biyun shiri ne, Ummi. Ni na biyun ne kawai nake iya nuna wa mai shi ba tare da kunya ba.

Ummi_Edita:
Anti Bilki, maganar tsohuwar nan ta tsaya mini a rai. Amma kin ga ke kin san wanne ne wanne saboda kina wurin. Mai kallo fa, ta ina zai sani?

Kyamara_Zazzau:
Shi Rouch bai taɓa da'awar cewa shi ƙuda ne a bango ba. Ra'ayinsa shi ne kyamara tana tsokano mutane, kuma abin da suka yi saboda ita shi yake so. Nemi Tourou et Bitti, 1971, a ƙauyen Simiri. Minti goma bai cika ba, kuma ɗauka ɗaya ce ba yanka. Mutanen gari sun yi kwana uku suna kiɗa don iskoki su zo su tsare musu gona daga fara, shiru. Rana ta huɗu da yamma ya ce bari dai ya ɗauki tsofaffin gangunan nan kafin su ɓace. Ya shiga fili da kyamara a kafaɗa, Moussa Hamidou na biye da shi da na'urar murya. Makaɗa sun gaji sun tsaya, shi bai kashe kyamara ba. Ganin yana ci gaba, sai suka sake ɗauka, kafin fim ɗin cikin kyamara ya ƙare iska ya hau mutum. Shi da kansa ya ce ɗaukar da yake yi ce ta ingiza abin, har ya ce shi ma a lokacin ba a hayyacinsa na kullum yake ba.

Ummi_Edita:
To ai ka ƙara mini hujja! Da bai zo ba ƙila a watse ba abin da ya faru. Ya haddasa abu, ya ɗauka, ya ce ga al'adarsu.

Kyamara_Zazzau:
Ya haddasa, ya kuma faɗa cewa shi ya haddasa. Jami'in Anti Bilki ya faɗa?

Ɗalibi_a_Liyon:
Na shigo a makare, na karanta daga sama. Ba wanda ya ambaci cewa ya juya kyamarar kan mutanensa. Chronique d'un été, shi da Edgar Morin masanin zamantakewa, an ɗauka a Faris a bazarar 1960, ana tare mutane a titi ana tambayarsu ko suna cikin farin ciki. Daga nan kalmar cinéma vérité, wato sinimar gaskiya, ta bazu, wadda suka aro daga Dziga Vertov, mai fim na Rasha. A lokacin an fara samun kyamara mara nauyi da na'urar murya da ke tafiya tare da hoto, don haka matsalar da Kyamara_Zazzau ya faɗa a farko ta ragu.

Abin da ya shafi tambayar Ummi yana ƙarshen fim ɗin. Suka tara waɗanda aka ɗauka a zaure suka haska musu, suka ɗauki gardamarsu suka sa a cikin fim. Wannan ya ce wance wasa take yi, waccan ta ce wance ta tona cikinta fiye da kima. Wato muhawarar da muke yi yanzu, su sun yi ta a cikin fim ɗin kansa shekara sittin da suka wuce, kuma su ma ba su daidaita ba.

Akwai kuma Petit à Petit, inda Damouré ya je Faris yana tare Faransawa a titi yana auna musu kai da awo, yana cewa su buɗe baki ya ga haƙora, irin yadda masanansu suka yi wa kakanninmu. Malama_Tarihi, wannan bai zama amsa ga Sembène ba?

Malama_Tarihi:
Na yi dariya sosai a wurin nan, ba zan ɓoye ba. Amma Damouré na riƙe da awo, wa ke riƙe da kyamara?

Baban_Sadiq:
Yauwa Malama. Abin da nake ta faɗa ke nan tun safe, ke kin fi ni iya tsara shi.

Ɗan_Ƙonni:
Ni abin da na sani a kansa mutuwarsa ce, don a yankinmu ta faru. Fabrairun 2004, hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni, yana da shekara 86. A Yamai aka binne shi, ba a kai shi Faransa ba. Damouré ya biyo shi a 2009. Hanyar nan da dare ba ta da kyau ko kaɗan, ni in magariba ta yi mini a Dogon Dutsi nan nake kwana.

Sarkin_Ruwa_Yawuri:
Injiniyan hanya kuma hanya ta ci shi. Allah mai iko.

Zango_Kumasi:
Wai akwai mai Jaguar da fassarar Turanci a ƙasa? Wanda na gani Faransanci ne zalla, rabin barkwancin ya wuce ni. Ina so in nuna wa kawuna, shi ya san tsohuwar kasuwar kafin a sake ta.

Ummi_Edita:
Na gode muku duka, wallahi na ƙaru. Har yanzu dai in an tambaye ni Jaguar zan ce wasan kwaikwayo ne da mutanen gaske, malaminmu ya yi haƙuri. Amma labarin dorinar nan ya sa ni tunani. Ina da aikin da na ɗauka wurin wasu mata masu yin ƙuliƙuli, na gama haɗawa, na ɗora kiɗan sarewa mai ban tausayi daga farko har ƙarshe, kuma ko ɗaya cikinsu ba ta gani ba. Ranar Asabar zan kai musu a kwamfuta. Anti Bilki, kina da ƙaramar sifika da za ki ara mini? Tawa ba ta da ƙara, wurin kuma injin niƙa ba ya shiru.

Bilkin_Biki:
Akwai, ki turo yaro ya karɓa Juma'a bayan la'asar. Ki tafi da cajarta, batirin ba ya riƙewa. Kuma ki shirya, matan nan ba za su tsaya a kan kiɗa ba, sai sun tambaye ki me ya sa kika nuna wance sau uku su sau ɗaya.